Amsa ga mai EOD da tayarsa ta baya ke zafi: fistin zai saya ko kalifa gaba ɗaya?

Wa'alaikumus salam ɗan uwa, sannu da fama. Na ga tambayarka, ka ce Honda Accord ce EOD ta 2004, tayar baya ta hannun dama tana ɗaukar zafi har kana jin ƙauri in ka ɗan yi tafiya, fad ɗin birki da aka sa maka bai jima ba ya cinye, kuma bakanikenka ya ce fistin birki ne ya ƙame don ya matsa iya matsawa ya ƙi komawa ciki, shi ne kake tambaya ko fistin za ka saya ko kalifar gaba ɗaya, wato gidan ƙarfen da fistin ke ciki mai matse fad a jikin faifan birki. Toh ni aikina kenan shekara da shekaru, kuma don Allah kafin ka fitar da ko sisi ka tsaya ka ji, saboda wannan "ya matsa ya ƙi komawa" ɗin shi ne ya fi tsaya min a rai.

Fistin ɗin baya na motarka ba matsa shi ake ba, murɗa shi ake. Ka duba fuskarsa za ka ga tsaga guda biyu sun gicciye, nan ake sa ƙarfen murɗawa a juya shi hannun dama yadda ake ɗaure noti, ana juyawa ana ɗan dannawa, sai ka ga yana shigewa a hankali kamar murfin jarka. Dalili kuwa hambirkin motar a cikin kalifar yake, akwai wani ƙarfe mai tiredi a bayan fistin ɗin, in ka ja hambirki kebul ya ja ɗan hannun da ke bayan kalifa shi kuma ya turo fistin ya kama faifai. Haka Golf 4 take, haka Peugeot 307, haka Civic ta 2006 mai faifai a baya. Amma Camry Muscle da 406 su hambirkinsu daban yake, wasu ƙananan takalma ne a cikin faifan, don haka nasu fistin turawa kawai ake ya koma kamar na gaba. Yaron da ya saba da Camry in aka kawo masa EOD sai ya ɗauko kilam ko ya sa a bais ya yi ta matsawa, in ya ƙi ya ɗauko guduma, wallahi na ga kalifa lafiyayya da aka kashe ta haka ba ɗaya ba ba biyu ba. Saboda haka ka tambaye shi kai tsaye, murɗawa ya yi ko matsawa? In matsawa ya yi to bai ma gwada fistin ɗin ba tukuna, kuma ka yi addu'a Allah ya sa bai lalata tiredin ciki ba.

Sannan zafin taya ba fistin kaɗai ke kawo shi ba, kuma gwajin ba ya cin kuɗi. Ka ɗan zaga da motar har tayar ta fara riƙewa, ku ɗaga ta a jak a wuri mai daidai, ku sa dutse ko katako a tayoyin gaba tunda hambirki zai zama a sake, kuma kar kowa ya shiga ƙarƙashi alhali jak ne kaɗai ke riƙe da ita. Ka juya tayar da hannu ka ji nauyinta. Sai ka leƙa bayan kalifa ka ga ɗan hannun nan na hambirki, ya koma mazauninsa ko yana rataye a tsakiya? Ka tura shi da sukundireba, in ya koma tayar ta saki to kebul ne ya ƙame ko hannun kansa ya yi tsatsa. Wannan yana yawan faruwa da masu otomatik, mutum ya sa mota a P ya fita, wata da watanni bai taɓa hambirki ba, ranar da ya ja sai ya ƙi sakewa. In ba nan ba ne, ka sassauta nonon fitar da iska kaɗan, in mai ya yi tsartuwa tayar kuma ta saki nan take, to tiyon birki ne ya rufta ta ciki, mai yana zuwa da ƙarfin feda amma ba ya iya komawa, kuma daga waje za ka ga tiyon kalau kamar ba abin da ya same shi. In duk wannan bai saki ba sai a kwance notinan nan biyu na sifana 12 a zare kalifa a taɓa fil guda biyu da take zamewa a kansu, su ma in giris ɗinsu ya bushe suna ƙamewa. Fad ɗinka da ya cinye ma zai ba ka labari, in guda ɗaya ya cinye ɗayan na nan da kaurinsa ko ya cinye a karkace, fara zargin fil ɗin, in duka biyun suka cinye suka bar na tayar hagu da nisa to fistin ko hambirki ne.

To mu ɗauka an bi duk wannan, fistin ɗin ne dai, an sa ƙarfe an murɗa ya ƙi ko yana juyawa da ƙyar. Ka ɗaga robar ƙura da ke zagaye da bakinsa ka duba, kusan kullum za ka tarar ta yage ko ta fita daga mazauninta. Nan ne asalin ciwon. Ƙurar hunturu ta shiga, damina ta zo an bi ta cikin ruwa, masu wankin mota su sa injin feshi su kafa bakinsa a cikin wili, ruwa ya kwanta a ƙarƙashin robar ba hanyar fita. Kuma birkin baya bai kai na gaba aiki ba, fistin ɗinsa ɗan motsi kaɗan yake yi, sai tsatsa ta samu wurin zama. Ta ciki kuma man birki da kansa yana shan ruwa daga iska, shi ya sa Honda suka ce a canza shi duk shekara 3, Volkswagen ma shekara 2 suke cewa, amma mu nan ciko kawai ake yi har a sayar da mota. Man birki mai lamba DOT 3 sabo sai zafi ya kai 205 a ma'aunin salshiyos kafin ya tafasa, in ya sha ruwa yana iya saukowa wajen 140, kaga ke nan tayar da ke riƙewa tana zafi ga tsohon mai, rana ɗaya a gangara za ka taka feda ta tafi ƙasa babu komai. Wannan ne ya sa ba na son ka ci gaba da hawa motar a haka ko da cikin gari ne.

Fitar da fistin ɗin kuwa, ka yi ta motsa hannun hambirki yana turo shi waje kaɗan kaɗan, sannan ka murɗa shi hannun hagu har ya fito. Kar a kama jikinsa da filaya in dai ana sa ran mayar da shi. Ka goge shi tas ka fito da shi rana ka bi jikinsa da farce. In datti ne kawai da baƙin tabo amma santsinsa na nan, zai koma aiki. In kuwa ka ga wani zobe na ƙananan ramuka ya zagaye shi, kurom ɗin ya ɓare, farcenka yana maƙalewa, to ya gama, kar ka yarda a ce za a goge da samfefa a mayar. Zai yi ƙyalli a ido amma ramukan na nan, kuma jikin fistin ɗin ne ke gogar sil, wato robar da ke zagaye da shi tana hana mai zuba, zai yanka sabon sil ya fara yoyo. Shi ramin kalifa ba shi ne ke riƙe mai ba, ɗan tabo a bangonsa ba matsala, amma kwarmin da sil ke zama da na robar ƙura sai an kankare su fes. Za ka tarar da wani ɓawon tsatsa a ƙarƙashin tsohon sil, shi ne ke turo sil ɗin ya shaƙe fistin, kuma nan ne masu gaggawa ke tsallakewa, su sa sabon fistin a kan tsohuwar tsatsa, bayan wata biyu mai mota ya dawo da ƙauri. Wannan sil ɗin mai kusurwa huɗu shi ne ke janye fistin baya ɗan kaɗan in ka ɗaga ƙafa daga feda, babu wani sifirin da ke yin wannan aikin, don haka in bai zauna daidai ba birki ba zai saki ba.

Yanzu ga amsar tambayarka. In kwarmin nan suna da kyau, hannun hambirki yana tafiya yana dawowa da kansa, babu jiƙar mai ta bayan kalifa wajen hannun, nonon iska kuma yana kwancewa, to sayi fistin da kit ɗin robobinsa, gyara zai yi kuma zai daɗe. In kuwa mai na tsattsafowa ta wajen hannun, ko an riga an daki fistin da guduma tiredin ya ci, ko nonon ya karye a ciki, kar ka wahalar da kanka, nemi kalifa. A Ƙofar Ruwa ko Panteka ko Apo duk inda ya fi maka kusa za ka samu Beljiyam, amma ka tafi da taka a hannu a gwada, ka murɗa fistin ɗin a gabansu, ka motsa hannun, ka ɗaga roba ka leƙa, don ita ma Beljiyam ɗin daga ƙasar da ake zuba gishiri a titi lokacin sanyi wata ta fito. Kuma ka tabbata ta dama aka ba ka. Ta hagu tana iya ɗauruwa a dama a motoci da yawa, sai nonon ya koma ƙasa, iska kuma sama take taruwa, ku kwana kuna bilidin, wato fitar da iska, feda ba za ta yi tauri ba.

In fistin za ka saya shi ma tafi da tsohon, a auna faɗi da tsawo, don akwai 34 akwai 38 kuma a ido kusan ɗaya suke. Ka leƙa cikinsa, wani yana zuwa da kayan cikinsa, wani kwanso ne kawai sai an cire zoben da ke riƙe kayan tsohon an mayar a sabon yadda suke a jere, ka ɗauki hoto da waya kafin a wargaza.

Wajen haɗawa ne nake roƙonka ka tsaya a kansu da kanka. Kar fetur ko kananzir ko baƙin mai ko giris ɗin boris ya taɓa robobin nan. Na san a gareji kwanon fetur ne ake wanke komai a ciki, amma robar birki ba ta shiri da duk wani mai na fetur, kumbura take. Na taɓa ciro sil daga wata kalifa da aka wanke haka, ya yi laushi ya ƙara faɗi har ya ƙi komawa kwarmin da ya fito. Da sabon man birki ake wankewa, da shi ake shafa wa sil da fistin, fil ɗin zamiya kuma giris ɗin silikon ko jan giris na roba. A sa sil a bi shi da yatsa a tabbata bai murɗe ba, a zaunar da robar ƙura a kwarminta, sannan a ɗora fistin a miƙe a fara murɗawa da hannu, in ya yi gardama tun farko a fito da shi a sake, ba a tilasta masa. Ana murɗawa ana kallon robar kar ta nannaɗe ta yage. In ya shige sai a tsayar da tsagar fuskarsa daidai inda ɗan ƙurjin da ke bayan fad na ciki zai faɗa, in ba haka ba fad zai zauna a karkace ya cinye gefe guda, birkin kuma ya riƙa yin laushi. Notin tiyo a sa masa sababbin washa na jan ƙarfe, kuma duk lokacin aikin kar a bar kalifa tana lilo a jikin tiyo, a ɗaure ta da waya.

Fad kuma na baya duka biyu za ka canza, dama da hagu, ba gefe ɗaya ba, tunda an buɗe ma a duba robar ta hagu don shekarunsu ɗaya. Faifan da ya sha zafin nan a dube shi, in ya yi shuɗi ko ya yi kwari ko feda na rawa in ka taka, sai an canza. A juya boris ɗin tayar ma a saurara.

Man birki ka sayi DOT 3 ko DOT 4 a rufe da hatiminsa, ban da na buɗaɗɗiyar kwalba da ta kwana biyu a kan benci, ban da DOT 5 don shi silikon ne ba ya haɗuwa da naka. Tunda tsohon ya dahu a zuƙe shi gaba ɗaya a yi bilidin ƙafa huɗu. Honda nasu tsarin daga gaba hagu ake farawa, sai gaba dama, sai baya dama, a ƙare a baya hagu, kuma mai takawa kar ya riƙa kai feda har ƙasa, a sa ɗan katako a ƙarƙashinta saboda masta, wato famfon da feda ke dannawa ya tura mai, ta tsufa, in robarta ta bi inda ba ta saba bi ba sai ka gyara kalifa ka koma neman masta. A riƙa duba tankin kar ya ƙafe, in man ya ɗiga a fenti a wanke da ruwa nan take don yana cin fenti.

Kafin a sauke mota ka taka feda sau da yawa har ta yi tauri, sannan ka fara jan hambirki, kar a taɓa notin kebul sai fistin ya gama matsowa. Ka danne feda da ƙarfi na ɗan lokaci wani ya leƙa ko akwai yoyo. Sai ka gwada a layin da ba mutane, a hankali, ka dawo ka kai bayan hannunka kusa da wili na dama da na hagu, ɗuminsu ya zama ɗaya. In kun kwance ka turo hoton jikin fistin ɗin da cikin ramin da bayan kalifar wajen hannun hambirki, in na gani zan faɗa maka ko ta gyaru ko a nemi wata. Allah ya tsare hanya.