Me ya tara manyan al'amura a ranar 15 ga Janairu?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na lura a ranar 15 ga Janairu aka kashe Sardauna, a ranar ce aka kawo ƙarshen yaƙin basasa, kuma ita ce ranar tunawa da 'yan mazan jiya. Wani abokina ya ce ranar nahisa ce ga Najeriya. Shin akwai wani sirri a cikinta ne, ko kuwa dace ne kawai?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Ka gaya wa abokinka ya kwantar da hankalinsa, ranar ba ta da laifi. Sai dai abubuwan da ka lissafa ba dace ne tsagwaronsa ya haɗa su ba. Na farkon ne ya haifi na biyu, na biyun kuma ya sa hukuma ta ajiye na uku a wannan rana da gangan.

Mu fara da tushen. Kafin asubahin Asabar, 15 ga Janairun 1966, wasu matasan hafsoshi suka yi yunƙurin juyin mulki na farko a ƙasar. A Kaduna, Manjo Chukwuma Kaduna Nzeogwu ya fito da sojoji da sunan atisayen dare, ya afka wa gidan Firimiya, aka kashe Sa Ahmadu Bello tare da uwargidansa Hafsatu. A nan Kaduna aka kashe Birgediya Samuel Ademulegun da Kanar Ralph Shodeinde. A Ibadan aka kashe Firimiyan Yamma, Samuel Akintola. A Legas kuwa aka ɗauke Firaminista Abubakar Tafawa Ɓalewa da ministan kuɗi Festus Okotie-Eboh, sai bayan kwanaki aka tsinci gawar Ɓalewa a gefen hanyar Abeokuta, aka kai shi Bauci aka yi masa sutura. Ina so ka riƙe sunayen manyan sojojin Arewa da suka faɗi a daren, domin an cika ambaton 'yan siyasa a manta da su: Birgediya Zakariya Maimalari, Kanar Kur Muhammad, Laftanar Kanar Abogo Largema da Laftanar Kanar James Pam. Laftanar Kanar Arthur Unegbe, wanda ɗan ƙabilar Ibo ne, shi ma a daren aka harbe shi.

Daga nan aka shiga ramuwar gayya. Janar Aguiyi-Ironsi ya karɓi mulki, aka kifar da shi a 29 ga Yulin shekarar, aka zubar da jinin dubban 'yan kudu maso gabas mazauna Arewa, Ojukwu ya shelanta Biyafara a 30 ga Mayun 1967, yaƙi ya ɓarke a Yuli. Wata talatin ana gwabzawa, yunwa ta ci ƙananan yara ba adadi. Da ƙarfin Biyafara ya ƙare, Ojukwu ya tashi zuwa Kwaddibuwa, mataimakinsa Philip Effiong ya yi jawabi ta rediyo a 12 ga Janairun 1970 yana kiran a ajiye makamai. A 15 ga wata ya miƙa wuya a hukumance gaban Yakubu Gowon a barikin Dodan da ke Legas, shekara huɗu cif da daren da aka fara ɓarnar. Ka ga a fagen daga yaƙin ya riga ya mutu tun kwanaki kafin nan. Bikin sa hannun ne ya faɗo ranar.

Ita kuwa ranar 'yan mazan jiya, da can a 11 ga Nuwamba ake yin ta kamar sauran ƙasashe renon Ingila, ranar da aka tsagaita wuta a Yaƙin Duniya na Ɗaya a 1918. Daga baya aka dawo da ita 15 ga Janairu saboda ƙarshen yaƙin basasa. Don haka in ka ga shugaban ƙasa yana ajiye furanni a Abuja, ana harba bindiga ana sakin tantabaru, 1970 ake tunawa a hukumance, ko da yake a gidaje da yawa na Arewa zuciya 1966 take komawa. A ganina ranar ta isa ta ɗauki duka biyun, kuma ya kamata a riƙa faɗa wa yara haka a makaranta, ba a ɓoye rabin labarin ba.

Yanzu ga abin da zai warware maganar nahisa. Ɗauko kalandar Musulunci ka duba. Daren da aka kashe Sardauna yana cikin goman ƙarshe na watan Azumi, shekara ta 1385 bayan hijira. Miƙa wuyan Effiong kuwa a watan Zulƙida ne na 1389, kuma ranar Alhamis. Ga mai lissafi da ganin wata, al'amuran nan biyu ko wata ɗaya ba su haɗa ba, balle rana. Kalandar miladiyya kaɗai ce ta ɗora musu lamba guda. Ita ma kalandar ba a nan ta tsaya ba tun azal: za ka ga an rubuta cewa an naɗa Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya a 15 ga Janairun 1559, alhali da tsohon lissafi ne, wanda Ingila ba ta bari ba sai 1752, lokacin da ta tsallake kwana 11 a watan Satumba.

Sauran kuma aikin lissafi ne. Kwana 365 kacal muke da su a shekara, tarihi kuwa na dubban shekaru ne, dole kowace rana ta cika maƙil. Masana lissafi sun nuna cewa in mutum 23 suka taru, yiwuwar a sami biyu masu ranar haihuwa ɗaya ta ɗan haura rabi. Shi ya sa ba abin mamaki ba ne a ce an haifi Gamal Abdul Nasir, tsohon shugaban Masar, a Iskandariyya ranar 15 ga Janairun 1918, aka haifi Martin Luther King, ɗan gwagwarmayar 'yancin baƙar fata na Amurka, a Atlanta a wannan rana a 1929, aka kuma buɗe Wikipedia a 2001. Babu abin da ya haɗa su.

Amma ko a nan, wani lokacin za ka ga hannun mutum. Nasir ya rasu a Satumbar 1970 kafin a yi bikin buɗe babbar madatsar ruwa ta Aswan, aikin da ya ɗora wa ransa, wanda neman kuɗinsa yana cikin dalilan da suka sa ya ƙwace mashigin Suwez a 1956. Magajinsa Anwar Sadat ya buɗe ta tare da shugaban Tarayyar Sobiyet Nikolai Podgorny a 15 ga Janairun 1971, ranar da Nasir zai cika shekara 53 da yana raye.