Ɗan wasan da ba jarumi ba a finafinan Jamus

Tambaya: Ina kallon tsofaffin shirye-shiryen 'yan sanda na Jamus, kuma na lura akwai fuskokin da ke fitowa kullum amma ba su ne jarumai ba. Shin mutum zai iya shafe rayuwarsa a irin wannan matsayi, ya samu abin kansa, ya kuma yi suna?

Amsa: Malam, zai iya ƙwarai, kuma rayuwar Fritz Wepper ta isa shaida. An haife shi a Munich a 1941, idon jama'a ya fara kai wa gare shi yana matashi a fim ɗin yaƙi mai suna Die Brücke na 1959. Daga 1969 ya riƙa fitowa a matsayin Harry Klein, ƙaramin jami'in bincike, a shirin Der Kommissar na tashar ZDF, sannan a 1974 aka mayar da shi da wannan suna zuwa shirin Derrick, inda ya tsaya a gefen Horst Tappert, jarumin shirin da ke fitowa a matsayin maigidansa, har 1998, cikin kashi 281. Aikinsa shi ne ya tambayi shaidu, ya kawo rahoto, ya kuma furta tambayar da ke zuciyar mai kallo domin maigidansa ya amsa. A ganina wannan aiki ya fi na jarumi wuya, domin dole ne mutum ya cika wurinsa ba tare da ya rufe wanda aka gina labarin a kansa ba.

Abin da ke riƙe da irin waɗannan 'yan wasa shi ne yawan ƙofofin aiki. Birane da jihohi suna ɗaukar nauyin gidajen wasan kwaikwayo masu biyan albashi duk wata, tashoshin ARD da ZDF kuwa suna gudana ne da kuɗin da ake karɓa daga gidaje, ga shirin Tatort da ake yi tun 1970 wanda kowane kashinsa yake buƙatar sababbin shaidu da waɗanda ake zargi. Akwai kuma ɗora muryar Jamusanci a kan finafinan waje. Sai dai aikin fim da talabijin kuɗin rana ake biya, saboda haka wanda ba ya cikin shiri mai dogon zango yakan yi watanni ba kira.

Shi Wepper yana ɗan shekara 60 ya fara jagorantar wani babban shiri da ya daɗe, wato Um Himmels Willen, inda ya fito a matsayin magajin gari daga 2002 zuwa 2021. Ya rasu a 2024.