Bashin Gida: Nawa Zan Biya?

Tambaya: Ni malamar firamare ce a Zariya. Ina son bashin naira miliyan 10 daga asusun gidaje na NHF. Nawa zan riƙa biya? — Maman Hafsat

Amsa: Maman Hafsat, kuɗin ruwan NHF kashi 6 cikin ɗari ne a shekara. In shekara 30 kika zaɓa, za ki biya kusan naira 59,955 duk wata. A watan farko, 50,000 ruwa ne zalla, ragowar ce kaɗai ke rage uwar kuɗi. Kafin ki gama, ruwan ya haura miliyan 11 da rabi, ya zarce bashin kansa. Wannan ne ke damuna. In albashinki zai iya ɗaukar 84,400 duk wata, ki zaɓi shekara 15, ruwan zai tsaya a kusan miliyan 5.2.