Macijin da kallonshi ke kisa da zancen yin zinariya

Ɗan uwa, ka tambaya ko da gaske akwai haramtaccen ilimin yin zinariya da macijin da kallonshi ke kisa. Tatsuniyar Turawa ce, basilisk suke ce mishi. Wani marubucin Rum, Pliny, ya rubuta zancenshi tun ƙarni na 1, wai ɗan ƙarami ne a ƙasar Libiya, ciyawar da ya bi ƙonewa take. A ƙarni na 12 wani malamin Kirista, Theophilus, ya ce a ƙone macijin a gama tokar da binega da jinin mutum a shafa ma jan ƙarfe sai ya koma zinariya, jinin mutum hwa, subhanallahi! Don Allah in wani ya tare ka da wanga zance a kasuwar Maradi, ɗan damfara ne, ko dala kada ka ba shi.