Daga Dandamali Zuwa Bayan Kyamara: Ta Ina Zan Fara?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Shekara 8 ke nan ina ba da umarni a ƙungiyarmu ta wasan kwaikwayo na dandamali. Yanzu raina ya karkata ga fim, amma babu wani kamfani a bayana. Abin da na koya zai amfane ni, ko sabuwar shiga zan koma?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malama. Ba sabuwar shiga ba ce ke. Jarin da ya fi wuyar tarawa yana hannunki: 'yan wasan da suka san ki, suka yarda da ke, da kuma sanin yadda ake gwaji har wasa ya nuna. Kyamara ana ɗauko hayarta da safe a mayar da yamma. Yardar ɗan wasa kuwa sai an yi shekaru tare.

Rainer Werner Fassbinder, mai ba da umarni ɗan Jamus, ya kafa ƙungiyar wasa a birnin Munik na Jamus a 1968, kuma da mutanenta ya shiga fim. Kafin rasuwarsa a 1982, yana da shekara 37, ya yi finafinai kusan 40. Saurin nan daga ƙungiyar ya fito, domin mutanen da suka saba da juna ba sa cinye ranar ɗauka wajen bayani. Ranar ɗauka ita ce mai cin kuɗi, ɗakin gwaji kuwa kusan kyauta ne. To ki gama warware wasanki a can kafin a kunna fitila.

Sai abin da za ki sauke, kuma nan ne na fi jin tsoro ga 'yan dandamali. A zaure, ɗan kallo ne ke zaɓen inda zai duba, ɗan wasa kuma yana ɗaga murya don na kujerar ƙarshe ya ji. A fim ke ce idon ɗan kallo. Idan kyamara ta matso fuska, ɗaga gira ya isa, motsin da ya burge a dandamali sai ya koma zaƙewa. Haka surutu: sau da yawa shafi guda na magana, kallo ɗaya yake maye gurbinsa. Maganin wannan yana teburin tace fim. Ki zauna gefen mai tacewa, ki ga yadda yanke daƙiƙa biyu ke juya ma'anar fitowa. Kuma kada ki yi rowa a kan sauti; mutane na haƙuri da hoto mai duhu, amma ba sa zama kan maganar da ba sa ji.

Ki fara da gajeren fim na minti 10, 'yan wasa uku, wuri ɗaya ko biyu. Shi za ki aika bukukuwan baje kolin finafinai, shi kuma za ki nuna wa masu ba da tallafi, irin Asusun Hubert Bals na bikin finafinai na Rotadam a ƙasar Holan.

Batun kuɗi, gaskiya tafiyar doguwa ce. John Cassavetes na Amurka, wanda fim ɗinsa na farko ya tsiro daga ajin koyar da 'yan wasa a Niyok, ya riƙa fitowa a finafinan wasu yana zuba ladan a nasa. Ya jinginar da gidansa don fim ɗinsa na 1974, da masu rarrabawa suka juya baya ya dinga kiran gidajen sinima da kansa. Mike Leigh na Ingila ya fitar da na farko a 1971, na biyu na sinima sai 1988. Tsakani yana dandamali da talabijin. A 1996 ya ɗauki babbar kyautar bikin Kan a Faransa.

Jinginar da gida kam ban ba ki shawara ba. Amma kada ki rushe ƙungiyarki don fim. Ki ci gaba da wasa da ita, ki gwada labarin a gaban 'yan kallo, ki lura da inda suka yi tsit da inda suka fara motsi a kujera, sannan ki koma kan rubutun da biro a hannu.