Amaryata, Ga Amsar Tambayarki a Kan Gawawwakin Fir'aunoni

Amaryata, saƙonki ya iso, ƙaninki ne ya karanto mini shi daga waya bayan la'asar. Kin ce in kin gama karatun ilimin kufai a Zariya kina so ki wuce Alƙahira ki karanci tarihi da rubutun Misirawan dauri, amma ƙawayenki sun ce sana'ar masu tonon kabari ce, 'yar mutunci ba ta yin ta. Shi ne kike tambaya ko al'adarmu ta yarda a buɗe makwancin mamaci a kalle shi da sunan ilimi. Sai da na yi dariya, don ke ce da kina ƙarama ko layin da aka yi rasuwa ba kya bi. Daga baya kuma jikina ya yi sanyi.

Ni na ga gawawwakin Fir'aunonin nan da idona. A 1974 ne, ina ɗalibi a Azhar, muna zaune a masaukin ɗaliban ƙasashen waje da ke Abbasiyya. Wani abokina ɗan Barno ya matsa sai mun je mun ga Fir'auna, muka hau bas zuwa dandalin Tahrir, inda gidan kayan tarihin nan yake tun 1902. A bene aka ware musu ɗaki, kuɗin shigarsa daban. Muna surutu muka hau matakala, muna shiga kowa ya yi tsit. Ga sarakuna a jere cikin akwatunan gilashi, an lulluɓe su da farin ƙyalle, fuskoki a buɗe. Na tsaya a kan Ramsis na Biyu, wanda ya yi shekara 66 yana mulki. Dogon hanci mai lanƙwasa, kumatu sun lotsa, sauran gashi a gefen kai ya yi jaja-jaja, fatar ta bushe ta yi duhu kamar kilishi. Abokina ya fara karanta ayar nan ta Suratu Yunus, inda Allah Ya ce zai kuɓutar da jikin Fir'auna don ya zama aya ga na baya, muryarsa na rawa, bai iya kai ƙarshenta ba. Malamai dai sun saɓa a kan wane ne Fir'aunan Annabi Musa, wasu sun ce Ramsis ne, wasu sun ce ɗansa Marnabtah, ba a kuma yanke ba. Ni abin da ya kama ni a wurin kunya ce. Dattijo ne kwance, sa'an kakana, ni kuma yaro na tsaya a kansa ina ƙare masa kallo, ba sallama, ba izini. Wasu baƙi suka shigo suna ƙyalƙyala dariya, tsohon mai gadin ya ɗora yatsa a baki ya nuna musu akwatunan. Ranar ban iya cin tuwon dare ba.

Mahaifina, Allah Ya jiƙansa, shi ke wankan gawa a unguwarmu, kuma har ya koma ga Allah ban taɓa jin ya faɗi abin da ya gani a jikin kowa ba. Yakan ce abin da ido ya gani a wurin wanka, a wurin wanka ake barin sa. Kakata kuwa cewa take mamaci ba ya iya jan mayafinsa, mai rai ne ke ja masa. Kin kuma san hadisin da ya ce karya ƙashin mamaci kamar karya shi ne yana raye.

Kada ki zaci mu kaɗai ke jin haka. A 1881, da aka kwaso gawawwakin sarakunan daga ramin da aka ɓoye su a Dairul Bahari, kusa da Luksor, aka sa su a jirgin ruwa zuwa Alƙahira, matan ƙauye sun fito bakin kogin Nilu suna kururuwa, maza na harba bindiga, yadda suke yi wa nasu mamatan. A 1980 Shugaba Sadat na Masar ya sa aka rufe ɗakin da na shiga, ya ga bai dace a riƙa baje kolin sarakunan ƙasar ba, ya kuma daɗe a rufe kafin a sake buɗe shi. A 2021 da za a mayar da 22 daga cikinsu sabon gidan tarihi a Fustat, cikin tsohuwar Alƙahira, da faretin girmamawa aka raka su.

To amma karatun da kike nema ya fi gawa faɗi, kuma a nan zuciyata ta rabu biyu. Mutanen nan rubutu suka bari, tuli guda, a bango da dutse da takardar da suke yi da ciyawar bakin kogi. Shekaru aru-aru ba mai iya karantawa, sai da aka tsinci dutsen Rashid, wanda aka yi wa rubutun Misirawan tare da fassararsa da Girkanci, a 1799, wani Bafaranshe Shamfoliyon ya warware shi a 1822. Daga nan aka ji muryarsu: wasiƙun uba ga ɗa, lissafin hatsi, ƙorafin ma'aikatan da ba a biya ba. Aka san kwana 70 suke yi suna shirya gawa, da kanwa suke busar da ita. A ƙofar wasu kaburburan ma rubutu ne ke roƙon mai wucewa ya tsaya ya karanta, ya ambaci sunan mai kabarin. Wanda ya roƙi a karanta shi, ban ga laifin mai karanta shi ba. Allah ma cewa Ya yi mu yi tafiya a bayan ƙasa mu duba yadda ƙarshen na gabanmu ya kasance. Abin da ke ci mini rai, dutsen Rashid yana Landan tun 1802, kuma Turawa suka daɗe suna riƙe da ilimin, da ƙyar Misirawa irin su Ahmad Kamal Basha suka kutsa ciki, alhali ƙasarsu ce.

Tsorona na zamaninku ne. Makon jiya na je jana'iza, ana saka mutum a kabari, samari sun ɗaga wayoyi suna ɗauka, wani ma yana amsa kira yana ciniki. A yi haɗari a hanya, kafin a sami zanen rufe mutum, hotonsa ya riga dangi isa gida ta WhatsApp. Da, ko takalmi mai ƙara ba ma shiga maƙabarta da shi. Wanda bai ji kunyar gawar maƙwabcinsa ba, yaya zai yi da ta wanda ya mutu shekara dubu uku?

Ban ce ki je ba, ban ce kada ki je ba. Ki fara tambayo mini malamanki, shin rubutun za ki koya ko haƙa za a sa ki, kuma in an tono mutum an gama auna shi, ina ake kai shi. In kin zo hutun Sallah ki taho mini da amsar, sannan in zauna da babanki.