Filin Tambaya da Amsa: Kawu ya ce in bar tone-tone, ni ko labarin Inna nike son rubutawa

Tambaya daga wata ɗaliba, Mabera, Sakkwato:

Assalamu alaikum Malam, ya aiki ya iyali. Kakata wadda ta haifi mahaifiyata muna ce mata Inna, ta haura tamanin. Mu tun muna ƙanana abin da aka gaya muna shi ne mu Fulani ne gaba da baya, to da azumin bana ina goga mata goro sai kawai ta fara ba ni labari wai kakarta Bagobira ce, kamo ta aka yi wajen yaƙi tana yarinya aka kawo ta birni aka aje ta wani gida, har tana ja min da yatsa a kuncinta yadda askar matar take, shida gefe guda bakwai gefe guda. Wallahi ranar ban yi barci ba. Na ce zan rubuta littafi, Kawu ya ji ya yi faɗa sosai ya ce in bar tone-tone kar in ja ma ƙannena gori wajen aure. Malam mi zan yi? In mayar da shi ƙagaggen labari ne ko in rubuta gaskiya yadda take? Kuma akwai littattafan da zan karanta in ga yadda wasu suka yi?

Amsa:

Wa alaikumus salam ɗiyata, Allah ya ƙara wa Inna lafiya da nisan kwana. Maganar bugawa da ta Kawu duk ki ɗan jingine su tukuna, akwai wadda ta fi su gaggawa. Inna ta haura tamanin, kuma ita kaɗai ta rage da ta ga matar nan ido da ido. Yau ɗin nan ki nemi izininta ki kunna rikoda ta wayarki ki aje kusa da tabarma, ki ci gaba da goga goronki kamar ba komai. Kar ki yi mata tambayoyi irin na jarrabawa, tsofaffi ba su son haka. Ki tambaye ta wace waƙa kakar take yi in tana niƙa, da wane suna take kiran jikoki, me take ƙin ci, ko ta taɓa ambaton sunan wani gari ko wani gulbi, ko an taɓa zuwa nemanta. A irin waɗannan ƙananan abubuwa ne ake tsintar mutum. Ni da kike gani kakana ya sha ba mu labarin mutanen gidansu da suka bi Sarkin Musulmi Attahiru gabas bayan Turawa sun ci Sakkwato a watan Maris na 1903, yana lissafo sunayensu ɗaya bayan ɗaya, muna yara hankalinmu na wajen wasa, yau ko suna uku ba zan iya kawo miki ba kuma abin yana ci min rai har gobe.

Kawu kuma kar ki ɗauke shi maƙiyin aikinki. Tsoronsa yana da tushe, a garin nan har yanzu in an zo neman aure sai an bi asali, kuma akwai masu baki. Amma ki tuna masa cikin ladabi, ko ki sa mahaifiyarki ta tuna masa, cewa a shari'a ɗan da ƙwarƙwara ta haifa wa ubangidanta ɗa ne cikakke mai gado, kuma gidajen sarauta da na malanta nawa ne a ƙasar Hausa da za a ce babu irin wannan uwa a cikin jerin iyayensu? Yaƙi tsakanin Sakkwato da Gobirawa bai ƙare da faɗuwar Alƙalawa a 1808 ba, an ci gaba da gwabzawa da na Tsibiri da na Sabon Birni shekaru da yawa, an kamo an kuma kama, jini ya cakuɗe. Yarinyar da aka raba da uwarta ba ita ta yi abin kunya ba.

Littafin da zan fara miƙa miki shi ne labarin Baba ta Karo. Wata Baturiya Mary Smith ta zauna da tsohuwar a ƙasar Zazzau ƙarshen 1949 zuwa farkon 1950, Baba na faɗa da Hausa ita tana rubutawa, aka buga da Turanci a 1954. Ba sarauniya ba ce ba malama ba ce, mace ce ta karkara da ta yi aure huɗu ba ta haihu ba, ta ba da labarin rinjin gidansu, wato ƙauyen noman bayi, da bayin da ke ciki, da maharan da suka sace danginta aka je aka fanso, da zuwan Turawa, da bori da kishi da ƙawance. Yau duk mai son sanin yadda matan Hausawa suka rayu kafin Turawa sai ya bi ta kan maganar tsohuwar nan. To Innarki da me Baba ta fi ta?

Na biyu daga nesa yake amma ina karanta wasiƙarki shi ya faɗo min a rai. Sally Morgan 'yar Ostareliya ce, ta tashi a birnin Perth mahaifiyarta na ce mata in yara sun tambaya a makaranta ta ce su 'yan Indiya ne. Sai da ta kai wajen shekara 15 ta gane ashe jinin 'yan asalin ƙasar ne, waɗanda Turawa suka tarar suka ƙwace wa ƙasa, kuma iyayen sun ɓoye ne don a zamaninsu hukuma na iya ɗauke irin waɗannan yara ta raba su da iyayensu. Ta bi mahaifiyarta da kakarta da ɗan'uwan kakar da rikoda, ta fitar da littafinta My Place a 1987. Kakar ta daɗe tana ƙi, da ta yarda ma akwai abin da ta ce ba za ta faɗa ba, ta kuma tafi da shi kabari. Jikar ba ta ƙirƙiro ta cike gurbin ba. Wannan ki riƙe shi da kyau, in Inna ta yi shiru a wani wuri ki bar mata shirunta.

Inda ake zamewa kuma shi ne a gauraya biyun ba a faɗa ba. Alex Haley na Amurka ya fitar da Roots a 1976, ya ce ya bi salsalarsa har ƙauyen Jufure a Gambiya wajen wani kakan-kakansa Kunta Kinte, littafin ya girgiza duniya ya sa baƙaƙen Amurka da yawa neman asalinsu, amma daga baya masu bincike suka bi takardu suka ga wasu shekaru da sunaye ba su haɗu ba, aka yi ta ce-ce-ku-ce. Shi ya sa ni na fi son hanyar Abubakar Tafawa Ɓalewa a Shaihu Umar na 1934. Kowa ya san ƙagagge ne, amma zafin bauta da ke ciki na gaske ne, uwa ta fita neman ɗanta ita ma aka kama ta aka sayar har Tarabulus. Na karanta shi ina firamare, har yau in na zo wurin haɗuwarsu sai na aje littafin na ɗan nisa.

To ga shawarata. Ki rubuta na gaskiya da sunaye da komai, na gida ne wannan, ki buga kwafi kaɗan ki ba dangi, Kawu ma ki kai masa nasa da hannunki. Wanda za ki fitar kasuwa ki sauya sunaye da unguwa, ki rubuta ƙarara a bango cewa ƙagaggen labari ne da aka gina kan abin da wata kaka ta faɗa. Kuma kar wani ya ce miki mace ta rubuta labarin gidansu baƙon abu ne a Sakkwato. Nana Asma'u, 1793 zuwa 1864, ta bi tafiyar mahaifinta Shehu zango zango a waƙar da ta yi da Fulatanci, ɗan'uwanta Isa ya mayar da ita Hausa muke kiranta Waƙar Gewaye, ta kuma yi marsiyyoyin 'yan'uwa da ƙawaye, mijinta Waziri Giɗaɗo ya rubuta Raudul Jinan kan rayuwar Shehu. Gadon garinku ne.

Tambaya daga wani malamin sakandare, Runjin Sambo:

Malam barka da ƙoƙari. Ɗalibaina in ka ce su waye ku za su ce Musulmi, Sakkwatawa, 'yan Arewa, amma Najeriya sai in ana ƙwallo. Wane littafi zan ba su da zai sa su ji ƙasar tasu ce?

Amsa:

Malam sannu da fama da alli. Wani malamin makaranta a garin nan ya riga ka shiga wannan damuwa, Shehu Shagari yana koyarwa a Midil ta Sakkwato ya tsara Waƙar Najeriya a 1948 don yara su haddace garuruwa da koguna da al'ummun ƙasar ta hanyar waƙa, tun ba a sami 'yancin kai ba. Ka nemo ta ku rera a aji. Akwai tarihin rayuwarsa da ya fitar a 2001, akwai na Sardauna, My Life, na 1962 da ya faro daga yarintarsa a Raba. Suna da amfani, sai dai labarin manya ne, yaro zai karanta ya ji kamar ana ba shi labarin wani gida da ba zai taɓa shiga ba.

Ni da ni ne kai sai in haɗa musu Ganɗoki na Bello Kagara da Things Fall Apart na Chinua Achebe na 1958 a zango guda. Ɗaya Bahaushe ɗaya Ibo, kowanne yana ba da labarin ranar da Bature ya iso ƙofar gidansu, yaro da kansa zai ga ashe abu guda ya same mu. Sannan ka ba su aikin gida, kowa ya rubuto shafi biyu kan yadda kakanninsa suka zo inda suke. Ina tabbatar maka a aji guda za ka ji Adar da Zabarma da Kabi da Zamfara da Nupe da Ilori da Zuru, wani ma Agadas. Ka sa su karanta wa juna a bayyane, kuma ka tsawata tun farko, ba dariya ba gori.

Tambaya daga wani ɗan kasuwa, Kanwuri:

Mahaifinmu ya rasu mun tarar da gafaka cike da takardun ajami da na Larabci, wasu sun fara cin gara. Ya za mu yi da su?

Amsa:

Allah ya jiƙan Baba ya sa ya huta. Don Allah Alhaji kar ku raba su cikin gado kowa ya ɗauki 'yan warƙoƙi, kar ku manna musu salatif, kar ku kai a rufe su da leda mai zafi irin ta takardun makaranta, tana lalata tawada kuma ba ta cirewa. Yadda kuka same su a jere ku bar su haka, tsofaffin littattafanmu ba a ɗinke suke ba, kalmar da ke ƙasan shafi ita ke nuna wanda ke biye. Ku ɗauki hoton kowace warƙa gaba da baya da rana a inuwa, ku naɗe su a farin ƙyalle mai tsabta ku ɗaga su daga ƙasa nesa da danshi. Sannan ku nemi malamin da ya iya karatun tsohon hannu ya duba muku ƙarshen kowane littafi, nan ne marubuci kan sa sunansa da na mahaifinsa da wanda ya yi wa kwafin, wani lokaci har wasiƙu da lissafin bashi da ranakun haihuwa ake samu a tsakani. Ku leƙa gidan tarihi na Waziri Junaidu a nan cikin gari, ko sashen Larabci da na tarihi a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, ku tafi da hotunan tukuna, asalin ku bar shi gida sai kun zauna ku 'yan'uwa kun yi shawara.